Saurar Bayan Marke

Ƙanƙara,
9 ga Oktoba, 2024.

Zuwa ga ƙanena Zailani,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta iske ka cikin ƙoshin lafiya, kai da matarka Amatullah da yara, ya kuma sa albarka a cinikin albasar da ya riƙe ka a Fatakwal. Mu nan lafiya lau, sai godiyar Allah. Inna tana nan da ciwon gwiwarta, amma bakinta garau yake, ko jiya sai da ta yi mini faɗa a kan daddawa. An yanke gero, dawa kuma ta yi kai mai kyau ga waɗanda suka samu damar shukawa. Gonarmu ta Mabai dai bana ma ba a taka ta ba, shekara ta uku ke nan, don ba wanda zai bi hanyar nan da fartanya a kafaɗa hankalinsa kwance. Goggo ta zo daga Sheme ta yi mana kwana huɗu. Ƙanwarmu Baraka da 'ya'yanta huɗu har yanzu suna ɗakin Inna, kamar yadda ka bar su tun da aka tashe su daga Damari bayan rasuwar mijinta. Yaran sun girma, ɗakin kuwa yana nan yadda yake.

Na san za ka yi mamakin ganin wasiƙa a hannun Gide direba alhali kana da waya ina da waya. To, laifinka ne. Duk ranar da na kira ka a kan maganar filin nan, kafin in kai rabi sai in ji kana ciniki da wata da Turancinku na can, ka ce mini Allah ya kyauta, ka kashe. Na gaji da Allah ya kyautan nan naka. Takarda ba ta da wurin kashewa, don haka ka samu wuri ka zauna ka karanta ta har ƙarshe, domin akwai abin da ban taɓa gaya maka ba.

Ka dai san gonar gidanmu ta bakin gari, wadda babban marke ya raba biyu. Ta gaban marke ake nomawa. Ta bayansa kuwa, wadda ta fi girma, ita ce marigayi Babanmu yake bari saura, ta huta shekara uku, Fulani su sauka da shanu bayan kaka su zuba mata taki, sannan a juyo a noma ta a bar ɗayar. Haka ya gada, haka ya bar mana. A cikinta ya haƙa rijiya, ya dasa mangwaro da ɗorawa, kai ma ka sha ɗaukar ruwa kana ba su. Ita ce kuma muka zauna gaba ɗaya muka ce a bar wa Baraka, ta tayar da ɗaki biyu a gefe, ta riƙa noma sauran, ta ciyar da marayunta ba tare da ta miƙa wa kowa hannu ba. Abin da ba ka gani da idonka ba shi ne yadda gari ya cim mata. Mutanen ƙauyuka sun yi ta kwararowa suna neman inda za su kwana lafiya, yanzu akwai gidan mai a gabas da ita, akwai masu buga bulo a kudu. Gonar da muke zuwa da guzurin fura, yau ɗan acaɓa ke sauke ka a bakinta.

Shekara uku da suka wuce, da bazara, ma'aikatan filaye suka zo da na'urarsu mai ƙafa uku da jan fenti. Ni ina makaranta ina koyarwa, kai kana can, sai aka kira musu Baba Sha'ibu, tunda shi ne babba a gidan bayan rasuwar wansa, Babanmu. Suka ce ya nuna musu iyakar gonarsu, za a rubuta. Zailani, Baba ya kai su gindin marke ya tsaya, ya ce nan ce iyaka. Suka nuna bayan marke suka tambayi ta wa ce. Ya ce daji ne kawai, ba tasu ba ce. Suka rubuta, suka karanta masa da Hausa, ya dangwala yatsa. Ya dawo gida yana murmushi, har ya ce wa Inna ya yi maganinsu.

Ka san daga ina wannan ya fito. Kakanmu ya ga zamanin da ake auna gona da taki, wato takun ƙafa, don a ɗora wa mutum haraji, ya kuma tarbiyyantar da 'ya'yansa a kan cewa in mai takarda ya tambaye ka abin da ka mallaka, ka nuna masa rabi. Shanu a kora su daji, rumbu a ce na maƙwabci ne, gona a rage mata tsawo. Duk tsofaffin garin nan da haka suka tashi, kuma ba wanda ya taɓa kiran abin ƙarya, dabara ake ce masa. Baba ya ɗauka sabon haraji ne ya zo. Bai san wannan karon abin da ka ɓoye shi za ka rasa ba. Bai gaya wa kowa abin da ya faɗa musu ba, mu ma ba mu sani ba, sai bayan wata bakwai da muka wayi gari muka ga an kafa turakun siminti a cikin saurar tun daga gindin marke har bakin rafi, da allo mai cewa filin gwamnati ne, za a yanka fulotai.

Na ɗauki lauya, sunansa Kamilu, yaro ne mai haƙuri, don sau uku ya yi mini bayanin dokar kafin ta shiga kaina. Wai idan gwamnati ta shata wuri ta ce ya shiga cikin gari, duk mai filin da bai yi masa wani aiki ba, rabin hekta kawai za a bar masa, abin da ya haura ya zama rara, gwamnati ta ɗauka. Na ce masa ƙasar da ta huta don ta ƙara ƙarfi ita ce ba a yi wa aiki ba? Wanda ya rubuta dokar nan ya taɓa riƙe garma kuwa? Ya yi dariya ya ce wannan ba ita ce matsalarmu ba, domin rijiyar da itatuwan da aka dasa sun isa su nuna an yi wa wurin aiki, kuma a kan haka yana da ƙwarin gwiwa. Matsalar ita ce kafin a zo maganar aiki, sai mun nuna wurin namu ne. Lauyan gwamnati kuwa yana riƙe da takarda mai ɗauke da yatsan babban gidanmu, yana cewa ba namu ba ne. A kotu na fara ganin takardar nan. Wallahi da aka karanta ta sai na juya na dubi Baba, shi kuma ya dubi takalmansa.

Kada ka tambaye ni sau nawa muka je kotu, don na daina ƙirgawa. Mu tashi da sassafe, mu bi hanyar da kai ma ka san ba a binta sai da addu'a, mu zauna a benci har azahar, a kira mu a ce an ɗaga. Yau lauyansu bai zo ba, gobe ana neman fayil, jibi ana yajin aiki. Da muka fara ganin haske sai aka canza wa alƙalin wurin aiki, sabon ya ce a faro daga farko. Shugaban makarantarmu ya gaji da ba ni izini, yanzu in na shiga ofishinsa ba ya ɗaga kai, sai dai ya tambaye ni wace rana ce kuma. Kotu ta ce kowa ya dakata har a gama shari'a, mu muka dakata. Su kuwa an zagaye wurin da waya, an sa mai gadi, kuma a makon jiya na ga an sauke yashi a kusurwar yamma. Na gaya wa lauya, ya ce zai rubuta. Kullum ana rubutawa, Zailani, yashin kuma yana ƙaruwa.

Da farko Lauya Kamilu ya kawo wata shawara. Ya ce tunda Baba ba ya karanta boko, a ce ma'aikatan ne suka rubuta abin da bai faɗa ba. Ni dai, Allah ya yafe mini, har na ji daɗi. Baba ya ce sam. Ya ce yaron da ya rubuta takardar ya gaishe shi da ladabi, ya karanta masa kalma bayan kalma, bai ƙara ko ɗigo ba, kuma shi ba zai ɗora wa ɗan mutane sharri a kore shi daga aiki ba. Lauya ya ce to saura hanya ɗaya: Baba ya tsaya a gaban alƙali, ya yi rantsuwa, ya ce abin da ya faɗa ranar nan ba gaskiya ba ne, ya faɗi dalilinsa, sannan a kawo maƙwabtan gona su tabbatar. Ya kuma gargaɗe shi cewa lauyan gwamnati ba zai raga masa ba, zai tambaye shi a gaban jama'a yaushe ne ya yi ƙarya, da ko yanzu, kuma don me za a yarda da shi. Baba ya ɗauki sandarsa ya fita.

Ka fi ni sanin abin da ake nema a wurinsa. Mutumin da ya yi shekara arba'in yana kiran salla a masallacin unguwa. In an yi rikicin iyakar gona shi ake ɗaukowa, in ya nuna wuri da sandarsa magana ta ƙare, ba a neman rantsuwa. Gonaki nawa ne a garin nan suke tsaye a kan maganarsa kaɗai? Na san duk wannan. Amma wata biyu cur ya yi bai ce e ba bai ce a'a ba. In na je gaishe shi sai ya hau tambayata 'yan makaranta da farashin taki. In na ɗauko zancen sai lokacin alwala ya yi. Ni kuma kullum ina shiga ɗakin Inna ina ganin mutum shida a kan tabarma biyu, ina ganin Baraka tana fita ƙwadagon cirar wake a gonakin mutane, ita da ke da ƙasar da ta fi tasu.

Ranar wata Asabar haƙurina ya ƙare, kuma gara ka ji daga bakina. Na same shi a zaure na ce masa mutuncinsa yake tattali alhali 'yar ɗan'uwansa da marayunta ba su da wurin shimfiɗa. Na ce ya iya buɗe baki ya ba da gonar a cikin minti biyar, amma ya kasa buɗe shi ya karɓo ta a cikin wata biyu. Na ce Babanmu ya bar masa amana ya kai ta gindin marke ya ajiye. Duk na faɗa, da murya sama, har matan gidan suna leƙowa. Shi kuwa carbinsa kawai yake ja. Inna ta yi kwana uku ba ta amsa gaisuwata, ta ce ba ta haifi 'yar da za ta ɗaga wa uba murya ba. Na ba ta haƙuri, na kuma je na durƙusa na ba shi haƙuri. Amma in gaya maka gaskiya, yadda na faɗa ne nake nadama, abin da na faɗa har yanzu ban ga inda na yi kuskure ba.

Ba maganata ce ta motsa shi ba, kada in yi wa kaina kirari. Famfon unguwa ya lalace kwanakin baya, Baraka ta ɗauki bokiti ta nufi rijiyar saura da hantsi. Mai gadin ba mugu ba ne, baƙo ne, bai san ta ba. Ya ce an hana shiga. Ta tsaya a bakin waya tana roƙonsa, tana ce masa bokiti ɗaya kawai, yara ba su yi wanka ba. Ya ce ta jira ya ɗebo mata da kansa, don Allah, amma kada ta saba. Ta karɓa ta yi masa godiya har da rusunawa. Duk wannan a kan idon Baba, yana gindin marke yana duba dawa. Baraka ta ce da ta juyo ta gan shi, sai ya kau da kai kamar bai gan ta ba. Ita ba ta ma gaya mini ba sai daga baya, ka san ta, ko wuta ce ta kama zaninta sai ta gama sallama kafin ta faɗa.

Washegari da safe ina shirin tafiya makaranta aka ce ana sallama. Na fito na ga Baba a ƙofar gidana. Shekarata ashirin da biyu da aure, bai taɓa taka gidan nan ba, ka san kunyarsu. Ya ƙi shiga, ya ƙi zama, ya ƙi ko ruwa. Ya ce in gaya wa lauya ya shirya, zai tsaya ya faɗa. Ya ce ya ga 'yar wansa tana godiya a kan ruwan rijiyar da shi ya riƙe igiya wansa yana ciki yana haƙa, kuma tun jiya abinci ya ƙi wuce masa. Ya ce ya riga ya je wurin liman ya ce a nemi wani ladan, don ba ya son a ce mai kiran salla ne aka tsayar ana ce masa maƙaryaci. Na ce wannan bai zama dole ba. Ya ce shi ya san abin da ya zama dole. Ina tsaye da jakar makaranta a hannu, duk fushin da na tara na wata biyu na neme shi na rasa, sai wani sabon fushi da ban san wa zan ɗora wa ba. Tsoho mai shekara saba'in da takwas zai tuɓe rawaninsa a gaban jama'a, kuma ko bayan haka lauya ya ce ba shi da tabbacin za mu ci.

Sai da ya juya zai tafi ya faɗi abin da ya sa na ɗauki biro. Ya ce abu ɗaya yake roƙona, kada in gaya maka. Ya ce tun kana shekara huɗu aka ba shi riƙonka, a ɗakinsa ka tashi, kuma sau ɗaya tak ya taɓa ɗaga hannu ya dake ka, ranar da ka ce ka kai akuya kiwo alhali ƙwallo ka tafi. Ya ce ranar ya gaya maka gidan nan ba a ƙarya. Ya ce Ƙanƙara duka ta ji, Faskari ta ji, Sabuwa ta ji, zai iya ɗauka, amma ban da kai. Na yi masa alkawari, Zailani, don ba yadda za a yi in dubi fuskarsa a lokacin in ce a'a.

Ga shi na karya alkawarin, kuma da saninna na karya. Na yi kwanaki ina juya abin. Direbobin albasa ba su iya riƙe magana, kafin mako ya zagayo labari zai iske ka a kasuwa, a bakin wanda zai ba da shi yana dariya. Shi kuma zai ƙare kwanakinsa yana zullumin ranar da za ka ji, in ka kira shi ya riƙa auna muryarka. Wannan ya fi zaman kotu wuya. An sa ranar Talata, goma sha biyu ga Nuwamba. Ba aike nake nema ba, ba kuma addu'a daga nesa ba, muna da masu yi. Kai nake nema. Ka bar wa abokin cinikinka rumfar na mako guda, albasa ba za ta gudu ba. Ka iso tun ana jibi, ka sauka a gidansa kamar kullum, ka ci tuwo tare da shi. Kada ka yi masa wa'azi, kada kuma ka ce masa ba komai, don ya san da komai. Ranar Talata ka ɗaukar masa buta da sanda ku shiga mota tare. Matakalar kotun nan guda tara ce, kuma na lura tun bara sai ya dafa bango yake sauka. In ya gama faɗin abin da zai faɗa, ba na son ya dafa bango.

Inna tana gaishe ka, ta ce ka daina aiko mata da maganin shafawa mai warin nan, ka zo da kanka. Baraka tana gaishe ka da Amatullah, ba ta san na rubuto ba. Maigidana Malam Hadi yana gaisuwa, haka Hafiza da Adnan. Ka gaishe mini da Salim da Ummu Salma, ka ce Goggonsu tana sa musu albarka. Ka gaishe da Alhaji Ɗanliti da sauran mutanenmu na can. Baba bai ba ni saƙon gaisuwa ba, tunda bai san da takardar nan ba. In ya tambaye ka wa ya gaya maka, ka ce ni ce. Na saba da fushinsa, zan ɗauka.

Allah ya kawo ka lafiya, ya tsare hanya.

Yayarka,
Safara'u.